Ƙwallon nama irin na Tailan da miyar gyaɗarsu, wa ta taɓa yi a nan gida?

Uwargida Ƙofar Sauri:

Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da war haka. Don Allah wadda ta san kan girkin mutanen Tailan ta taimaka mani.

Maigidana a shekarun baya yakan je Bankok saro kayan yara, kafin dala ta gagari kowa ya koma sarin Kano. Tafiya ta tsaya amma santi bai tsaya ba. In dai aka shigo da tsire gidan nan, sai ya ɗauko labarin wani ƙwallon nama da yake saye wajen Musulmin can, a jere a tsinke an gasa shi, da wata miyar gyaɗa mai kauri da ake dangwalawa. Wai zaƙi-zaƙi, tsami-tsami, yajin kuma sai ka haɗiye yake taso maka. Ya ce naman ba ya marmashewa irin wanda muke jefawa a miya, danƙo gare shi, haƙori na shiga yana turo shi. Ƙannensa za su zo mana yini ranar Asabar ta sama, ina so in yi ba tare da na faɗa mashi ba.

Na leƙa intanet, kowa da irin nasa. Wata ta sa ƙwai da garin burodi, wata ta ce kul, ƙanƙara ake sawa. Ƙanƙara a cikin nama? Sannan duk suna zuba wani ruwan kifi na kwalba, wanda ban san ko ya halatta ba, ban ma san inda zan same shi a Katsina ba. Madarar kwakwa ta gwangwani na gani a wani shago a GRA, kuɗinta ya sa na mayar da ita inda na ɗauko. Ga tunkuza kuma maƙwabciyata na yi kullum, ga ƙuliƙuli, ko ɗaya daga ciki zai iya tsayawa a madadin gyaɗar? Tsorona kada in ɓata nama kilo guda, a ƙarshe in fito da miyar gyaɗar da muke ci da tuwon shinkafa.

'Yar Daura:

Wa alaikumus salam, Uwargida. Na zauna a Hat Yai, kudancin Tailan, lokacin da baban yara yake karatu a jami'ar Songkila. A yankin Musulmi na da yawa, don haka na ci wannan abu a bakin titi har na gode Allah, kuma maƙwabciyata ta nuna mani yadda take yi.

Ina jin maigidanki abu biyu ya haɗa a baki ɗaya. Ƙwallon naman suna ce mashi luk cin, kuma galibi da miyar barkono mai zaƙi da tsamiya ake cin sa. Miyar gyaɗar ta sate ce, wato tsirensu, wanda asalinsa daga Indonesiya ya shigo masu. Sau da yawa a layi ɗaya ake sayar da su, mutum ya sayi wannan ya sayi wancan ya dangwala inda ransa ke so. Masu ƙwai da garin burodin da kika gani, yin Turawa ne, yana da daɗi amma laushi yake yi. Tunda ya ce maki haƙori na shiga yana turo shi, to na ƙanƙarar yake nufi.

Ga yadda nake yi a Daura da rabin kilo. Ki samu zallar tsokar sa, ki cire jijiya da farin tantanin nan, ki yanka ƙanana, ki sa a firiza har ya fara ɗaurewa amma wuƙa na shiga. Ki niƙa. Ki zuba gishiri ƙaramin cokali ɗaya da rabi tun farko, kafin komai, don gishirin ne ke fito da danƙon nama. Sai tafarnuwa kamar sili huɗu da kika daka da farin masoro, sukari ƙaramin cokali, bakin hoda ƙaramin cokali, sitacin rogo babban cokali biyu. In babu na rogo, kwanfulawa ta yi. Ƙanƙarar kuma ki farfasa ta a tsumma, kamar rabin kofi, kina zubawa kaɗan-kaɗan kina ci gaba da niƙa ko kirɓawa. Amfaninta shi ne naman kada ya ɗumama. In ya ɗumama kitsen cikinsa zai narke ya rabu, sai ki ga ƙwallon ya fito yana ɓarɓashi. Za ki gane ya yi in ya koma sumul, launinsa ya yi haske, kika ɗebo a cokali kika kife bai faɗo ba.

Ba soyawa ake fara yi ba. Ki ɗora ruwa ya yi zafi sosai amma kada ya tafasa, sai dai ƙananan kumfa a gindin tukunya. Ki damƙi naman a hannu, ki matso shi ta tsakanin babban yatsa da manuni, ki yanke da jiƙaƙƙen cokali ki saki a ruwan. In sun taso sama ki ƙara masu minti biyar zuwa shida, ki fasa ɗaya ki ga babu ja a ciki, ki kwashe zuwa ruwan sanyi. Daga nan a soke su uku-uku ko huɗu-huɗu, a ɗan shafa mai, a gasa a gawayi har su yi tabo-tabo. Ruwan dahuwar kada ki zubar, romo ne.

Yanzu miyar, wadda ita ce ainihin tambayarki. Abin da zai hana ta zama miyar gyaɗarmu shi ne kwakwa da tsamiya da zaƙi, sannan babu tumatir, babu manja, babu ganye.

Gwangwani ba dole ba ne. Kwakwa babba guda, ki kankare baƙin bayan, ki goga ko ki markaɗa da ruwan ɗumi kofi ɗaya, ki matse a kyalle mai tsabta. Wannan tatsar farko mai kauri ki ajiye ta daban. Ki sake zuba ruwa kofi ɗaya ki matse, wannan ta biyu ce. Ta wata fuskar ma ta fi ta gwangwani, don wasu na gwangwanin an sa masu abin da ke hana su fitar da mai, mu kuma man muke nema.

Su suna da jan haɗin kayan yaji da suke dakawa. Nawa na gida: busasshen tattasai uku da barkono gwargwadon bakinku, a jiƙa su yi laushi a cire 'ya'yan, ƙaramar albasa, tafarnuwa, ɗanyar citta kaɗan, 'ya'yan kusbara da aka ɗan soya, ana samu wajen masu kayan ƙamshi, bayan lemun tsami, koren kawai, da farin gindin lemongiras guda biyu, ciyawar nan mai ƙamshin lemo da ake jefawa a shayi. Ba ganyen ba, gindin, a yanka siri-siri kafin daka in ba haka ba zare zai dame ki. A daka har ya yi laushi.

Ki ɗora tatsar farko a wuta kaɗan kina juyawa, har ki ga mai ya fara tsattsafowa a gefe. Ki zuba haɗin nan babban cokali biyu, ki soya shi a ciki har man ya yi ja, ƙamshi ya cika gida. Sai tatsar biyu, sai gyaɗa soyayya kamar rabin kofi da ɗan ɗori, wadda kika daka da sauran tsaki-tsaki. Sukarinsu na ruwan itacen giginya ko na kwakwa ne, ni mazarƙwaila nake sawa, babban cokali biyu, kuma wallahi ta zauna daram. Ruwan tsamiya mai kauri cokali biyu. Gishiri. Kada ki bar gindin tukunyar, gyaɗa da kwakwa saurin kamu gare su. Minti goma ta yi kauri.

Maganar ruwan kifi, nam pla suke ce mashi. Ƙananan kifin teku ne da gishiri ake jerawa a bar su su tsumu wajen shekara guda ko fiye, a tace. Musulmin can da shi suke girki dare da rana, kuma kwalaben da yawa na ɗauke da tambarin halal na majalisar Musulunci ta ƙasar. Sai dai a Katsina ba sai kin wahalar da kanki ba. Garin kirefish rabin ƙaramin cokali a cikin dakan kayan yajin zai ba ki wannan ɗan ƙarnin teku da ake nema, dama su ma suna sa tsumammen jatan lande a nasu haɗin.

Tunkuza dai ban ba ki shawara ba. An riga an matse mata mai, ga laushi ya yi yawa, miyar za ta fito kamar kunu.

Ɗan Mahauta:

Salamu alaikum iyayenmu mata, a yi mani afuwa na shigo zancen madafa. Gidanmu fawa muke yi kaka da kakanni, kuma duk da aikin ofis nake yi yanzu, wuƙa ba ta manta hannuna ba.

Hajiya 'Yar Daura ta yi bayani mai kyau, sai dai a wajen nama ina da ƙari. Zallar tsoka ba ko ɗigon kitse, in aka gasa ta bushewa take yi. Uwargida, ki ce a yankar maki cinya, sannan a ɗora maki ɗan tozo, abin da bai wuce kashi ɗaya cikin goma na naman ba. Kuma ki aika da sassafe, naman yankan ranar. Naman da bai daɗe da yanka ba ya fi kama jikinsa in an kirɓa, kowane mahauci ya san haka. Wanda ya yini a tebur rana na dukansa, ƙuda na bi, ko wanda ya kwana a firiza wuta ta ɗauke ya saki ruwa ya sake daskarewa, ba zai ba ki danƙon nan ba ko da kin kwana kina daka.

Abu na biyu, kada ki kai shi injin markaɗen unguwa. Injin zafi yake yi, ga sauran wake da attaruhun mutane a cikinsa. In ba ki da na'urar niƙa nama, turmi ya wadatar, amma a wanke shi da ruwan zafi kafin da bayan aiki, tunda ɗanyen nama ne ba irin na dambu da aka dafa ba. Ki sa yaran gidan su karɓa maki, don rabin kilo ma sai kafaɗa ta faɗa maki. In kin ji naman ya fara ɗumi a hannu, ki kwashe ki mayar firji ya huta, ki dawo.

Inda ban yarda da Hajiya ba shi ne watsi da kayanmu gaba ɗaya. Ƙuliƙuli fa shi ne ran tsirenmu. Na yarda ba zai yi miyar shi kaɗai ba, amma in kika daka mara yaji kika barbaɗa cokali ɗaya a ƙarshe, zai ba ta ƙamshin suya wanda gyaɗar da aka soya sama-sama ba ta da shi. Kuma tsinkayen a jiƙa su a ruwa kafin a soke nama, in ba haka ba su za su riga naman gasuwa. Gawayi ya zama ya ci ya yi fari, ba mai harshen wuta ba. Naman ya riga ya dahu, launi da ƙamshin hayaƙi kawai ake nema.

Hajiyar Rafindadi:

Oh ni jikar mutum huɗu. Yanzu mazarƙwaila ce za a jefa a miyar nama? Mu dai da muka taso, zaƙi na kunu ne da alkaki, nama kuma na yaji da daddawa. To amma zamani riga ne, kuma tunda don maigida za a yi, Allah ya ba da lada.

Ni gyaɗar ce ta tsaya mani. Ɗiyata, kada ki sayi dakakkiya a ƙulle a leda, ba ki san me aka tara a ciki ba. Ki sayi ɗanya ki baza a faranti ki tsince da hannunki. Duk wadda ta yanƙwane, ko ta yi baƙi, ko ta yi fumfuna, ki zubar, kada ma ki ba kaji. Ma'aikatan lafiya sun daɗe suna faɗa cewa fumfunar gyaɗa na da dafin da ke taɓa hanta, kuma wuta ba ta kashe shi. Ko ba wannan ba, ƙwaya ɗaya mai ɗaci ta isa ta ɓata maki tukunya. Ki soya da yashi mai tsabta a wuta marar ƙarfi har ta yi ja ciki da waje, ki murje, ki fece ɓawon sarai.

Tsamiya kuma ki nemi sabuwa mai ja-ja, tsohuwar da ta yi baƙi za ta dusashe maki launin miya. Da ruwan ɗumi ake jiƙa ta, kaɗan, don ki samu mai kauri.

Sannan ki tambaya cikin baƙin naki ko akwai wanda gyaɗa ba ta karɓe shi ba, musamman yara. Akwai jikana da in ya ci, leɓɓansa kumbura suke yi nan take, sai an kai shi asibiti. Ba a wasa da wannan.

Ni da a ce ni ce, ɗan ƙwayar daddawa ɗaya sai ta shiga. Miya ba daddawa ai sai a hankali.

Uwargida Ƙofar Sauri:

Kai, Allah ya saka da alheri, ya biya ku da gidan Aljanna. Mama, na ji batun tsintar gyaɗa, kuma zan tambayi matan ƙannen nasa game da yara. Malam Ɗan Mahauta, tozo ya shiga lissafi.

Anti 'Yar Daura, saura abu biyu. Wutar unguwarmu ba a yi mata alkawari, in na ce sai firiza ta ɗaure nama ranar Asabar da safe, ina iya wayar gari ba komai. Zan iya yin wani abu tun ranar Juma'a? Sannan me ake haɗawa da shi a ci? Mutum wajen goma sha biyu ne, ba zan ajiye masu tsinke da miya kawai su kalle ni ba. Daddawar Mama kuma fa, in sa ko kada in sa?

'Yar Daura:

Mama ta yi mani rai, amma daddawa a bar ta wannan karon. Tana shiga, hancin kowa zai ce miyar gida ce, duk wahalar kwakwar ta tafi a banza. Zaƙin kuma, Mama, ba ya fitowa yadda kike zato, tsamiya da barkono suna danne shi. Su mutanen can haka suke auna girki, a harshe: gishiri, tsami, zaƙi, yaji, kowanne a ji shi, kada wani ya hau kan wani. Don haka Uwargida ki riƙa ɗanɗanawa. Kika ji zaƙi ya yi gaba, ƙara tsamiya. Kika ji ta yi lami, gishiri ne bai ji ba. In za ki matsa lemun tsami, sai kin sauke, in ya dahu ɗaci yake yi. Ƙuliƙulin Malam na yarda da cokali ɗaya, kada ya wuce, don yana shan ruwa ya daskarar da miya. Maganar tozo kuma gaskiyarsa, nama sana'arsu ce.

Batun wuta, ki sayi ƙanƙarar leda biyu ko uku wajen masu sayarwa. Ki ƙulle yankakken naman a leda, ki binne shi cikin ƙanƙara a kula na awa ɗaya, ya wadatar. Wadda za ki zuba cikin naman dai ki tabbatar ta ruwa mai tsabta ce. In kin san firjinku zai riƙe sanyi har safe, ki dafa ƙwallayen ranar Juma'a da yamma, ki tsane su, Asabar sai gashi kawai. In babu tabbas, ki bar nama sai ranar. Abin da za ki iya gamawa tun Juma'a ba fargaba shi ne suyar gyaɗa da dakanta. Kwakwa kuwa ranar za ki tatsa, a zafin garin nan madararta ba ta kai yamma take juyawa.

Mutum goma sha biyu, ki yi kilo ɗaya da rabi, ki ninka komai sau uku, sai dai kwakwa biyu manya sun isa in kin tatsa da kyau. Ki kirɓa kashi-kashi, kada ki zuba duka a turmi.

Abin haɗawa, farar shinkafa ba mai ba gishiri, da wani ɗan haɗi da suke kira ajat wanda ba a ba ka sate babu shi. Ruwan kal, wato binega fara, rabin kofi, sukari rabin kofi, ruwa kaɗan, gishiri ɗan mitsitsi, a ɗora ya narke a bar shi ya huce sarai. Sai a yanka kokwamba siri-siri da jar albasa da attaruhu ɗaya a zuba, amma sai an kusa ci, in ya jima kokwambar saki take yi. Shi ke wanke maiƙon gyaɗar a baki, mutum ya ji yana son ƙari. Can har gasasshen burodi suke yankawa ƙanana a ajiye a gefe don sharce miya, kuma na ga yara sun fi son wannan.

Miyar in ta huce za ta yi kauri, jan mai ya taso sama. Kada ki kwashe shi, haka ake son ta. Lokacin zubawa ki ɗan ƙara ruwan ɗumi cokali biyu ko uku, ki mayar wuta kaɗan ki juya, ki zuba a ƙananan kwanoni biyu, na maza daban na mata daban. Barkonon ki rage a tukunya saboda yara, ki ajiye dakakke a gefe ga mai so.